Ma'aikaci Da Wurin Aikinsa Bayan Dogon Hutu: Abin Da Doka Ta Tanada





Duk wanda ya daɗe a aikin gwamnati ya san irin mutumin da zan yi magana a kansa yau. Za ka gan shi da safe zaune a kan benci a ƙofar ofishin daraktan da ke kula da sha'anin ma'aikata, da babban ambulan a hannunsa. Ya yi shekara biyu ko uku ba ya nan. Wataƙila karatu ya tafi, wataƙila ciwo ne ya kwantar da shi, ko kuwa an ba da aronsa ga wata hukuma. Ga shi ya dawo, ya tarar da wani a kan teburinsa, masinjan ofis ma bai san shi ba. Bayan 'yan kwanaki sai a miƙa masa takarda, an tura shi wani sashe da bai taɓa zato ba, ko wani gari mai nisa da inda ya ajiye iyalinsa. Daga nan rai ya ɓaci, sai ƙorafi, sai lauya, sai kotu.

Yawancin irin wannan shari'a daga rashin fahimtar abu ɗaya take tasowa, watau bambancin da ke tsakanin muƙami da kujera. Muƙami shi ne matsayin mutum a aiki: matakin albashinsa, da layin aikin da aka ɗauke shi a kai, da matsayinsa a jerin tsofaffi da sababbi, da shekarunsa na fansho. Kujera kuwa ita ce teburin da ya bari, da sashen da yake, da garin da yake zaune. Hutun da aka ba mutum bisa ƙa'ida ba ya yanke aikinsa, kuma doka tana tsare masa muƙaminsa har ya dawo. Amma babu inda ta yi masa alkawarin za a rufe kujerarsa da mayafi a jira shi. Aikin jama'a ba ya tsayawa don mutum ɗaya ya tafi Zariya ko Ingila neman digiri.

Littafin da ake komawa gare shi a wannan sha'ani shi ne Dokokin Aikin Gwamnati. An daɗe ana aiki da bugun 2008, sa'an nan aka sake gyara shi a 2021, aka fara aiki da sabon a watan Yuli na 2023. A cikinsa aka jera irin hutun da ma'aikaci zai iya samu. Akwai hutun karatu da albashi, akwai hutun karatu ba albashi. Akwai hutun rashin lafiya, wanda idan ya yi tsawo sai an kafa kwamitin likitoci ya duba ko mutum zai iya ci gaba da aiki. Akwai hutun haihuwa, wanda bugun 2008 ya sa mako 16 da cikakken albashi, kuma a 2021 gwamnati ta amince wa maigida da kwana 14 idan matarsa ta haihu. Akwai izinin bin miji ko mata zuwa ƙasar waje, da izinin tafiya aikin taimaka wa ƙasashen Afirka da na yankin Karibiyan da Fasifik a ƙarƙashin shirin da aka kafa a 1987, wanda shekara biyu ake yi. Akwai kuma aro, inda ake ba da ma'aikaci ga wata hukuma na ɗan lokaci, alhali sunansa yana nan a ma'aikatarsa ta asali. Kowane ɗaya da sharuɗɗansa, kuma suna rubuce a takardar izinin da aka ba mutum kafin ya tafi. Abin mamaki, da yawa daga cikinmu ba sa karanta wannan takarda sai ranar da rigima ta tashi.

Wannan littafi na ma'aikatan Gwamnatin Tarayya ne. Jihohi suna da nasu, jami'o'i da sauran hukumomi suna da dokokin da suka kafa su, sojoji da 'yan sanda kuma tsarinsu daban ne. Amma tushen maganar bai bambanta ƙwarai ba.

Ya kamata mai dawowa ya tuna cewa ma'aikatar ma kanta ba lalle ta tsaya yadda ya bar ta ba. Manyanmu suna ba da labarin waɗanda suka tafi karatu daga Legas, suka dawo bayan 12 ga Disamba 1991, suka tarar fadar gwamnati ta koma Abuja, ofisoshi suna bin ta ɗaya bayan ɗaya. A kusa-kusan nan ma, a 2015 an haɗe ma'aikatun wutar lantarki da ayyuka da gidaje wuri guda, a 2019 aka ware ta wutar lantarki, a 2023 kuma aka raba gidaje da ayyuka. Wanda ya tafi hutun shekara uku a tsakanin nan, in ya ce sai tsohon teburinsa, to, a wace ma'aikata za a nemo masa shi?

Ban da wannan, ma'aikata da yawa ba na ma'aikatar da suke zaune ba ne, rarraba su ake yi daga ofishi guda. Jami'an mulki daga Ofishin Shugaban Ma'aikatan Gwamnatin Tarayya ake tura su, akantoci daga Ofishin Babban Akanta, lauyoyi daga Ma'aikatar Shari'a, mu jami'an watsa labarai kuma daga Ma'aikatar Watsa Labarai. Irin wannan ma'aikaci idan ya dawo, ofishin da ke da shi ne zai ce ga inda za shi. Ita kuwa Hukumar Kula da Ma'aikatan Gwamnatin Tarayya, wadda sashe na 153 na Tsarin Mulkin 1999 ya kafa, ikonta a kan ɗauka ne da ƙarin girma da horo da sallama. Na sha ganin takardar kuka da ta yi wata da watanni tana yawo saboda kawai an aike ta ofishin da ba shi da hurumi a maganar.

Yanzu bari mu duba abin da kotuna suka ce, domin kariyar da ma'aikaci yake da ita yau ba daga sama ta faɗo ba.

A zamanin Turawa, ƙa'idar da muka gada daga Ingila ita ce ma'aikacin gwamnati yana aiki ne muddin mai mulki ya ga dama, ranar da aka gaji da shi sai ya kama hanya. A 1975 gwamnatin Janar Murtala Muhammad ta sallami ma'aikata fiye da 10,000, yawancinsu ba tare da an saurare su ba. Daga cikin shari'o'in da suka biyo bayan wannan zamani akwai ta Shitta-Bey, wani babban lauya a Ma'aikatar Shari'a ta Tarayya. An dakatar da shi, sa'an nan aka yi masa ritayar dole. Babbar Kotun Legas ta ce abin da aka yi masa haramtacce ne, amma da ya koma bakin aiki sai aka ƙi karɓarsa. Ya bi maganar har Kotun Ƙoli, kuma a 1981 kotun ta ba da umurnin tilas a mayar da shi. Hujjarta ita ce dokokin aikin gwamnati daga Tsarin Mulki suka samo ƙarfinsu, saboda haka ba a raba ma'aikaci mai fansho da aikinsa sai ta hanyar da dokokin suka shimfiɗa. A 1985, a shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas, kotun ta ƙara ƙarfafa wannan ga duk wanda doka ce ta tsara sharuɗɗan aikinsa. A 1989 kuma, a shari'ar Laoye, wani jami'in harkokin waje da aka kora, ta ce ba a hukunta ma'aikaci ba tare da an ba shi cikakkiyar damar kare kansa ba. Gaskiya ne Dokar Soja ta 17 ta 1984 ta taɓa rufe ƙofar kotu ga waɗanda aka sallama a ƙarƙashinta, amma wannan doka ta tafi da mulkin soja a 1999.

To, jama'a, ku lura da abin da waɗannan hukunce-hukunce suka tsare. Aiki suka tsare, da muƙami, da haƙƙin a saurari mutum. Ba su ce alƙali zai zaɓa wa ma'aikaci ofis ba. Takardar ɗaukar aiki ta tarayya ta kan faɗa ƙarara cewa za a iya tura mutum ko'ina a cikin ƙasar nan, kuma kotuna sun daɗe suna ɗaukar canjin wurin aiki a matsayin ikon mai ba da aiki. Wanda ya je gaban alƙali da cewa da yana Kaduna yanzu an kai shi Kalaba, ba shi da wata hujja sai wannan, da wuya ya dawo da dariya.

Abin da alƙali zai tambaya daban ne. Shin an rage masa mataki, ko an taɓa albashinsa? Shin an fitar da shi daga layin aikinsa, kamar a ɗauki injiniya a ce ya riƙa ƙidayar kujeru a sito? Shin wanda ya sa hannu a takardar yana da ikon yin haka? Abu mafi nauyi kuma, shin canjin nan horo ne aka sa masa rigar canji? Rage muƙami hukunci ne, kuma hukunci yana da hanyarsa: a ba mutum takardar tuhuma, a gaya masa laifinsa a rubuce, a ba shi lokaci ya amsa, a bar shi ya ga takardun da aka dogara da su. Sashe na 36 na Tsarin Mulki yana bayan wannan. Shugaban da ya tsallake duk wannan, ya jira mutum ya dawo daga hutu ya jefa shi wani lungu domin ya huce tsohon haushi, ya ba da ƙofa da hannunsa. Haka kuma sashe na 42 ya hana a bambanta ɗan ƙasa saboda jinsinsa ko ƙabilarsa ko addininsa ko asalinsa. Macen da ta dawo daga hutun haihuwa aka ce da ita tunda yanzu tana da goyo an ba wani aikinta, ita ta zauna a gefe, tana da magana mai ƙarfi, balle in an yi gangancin rubuta hakan a fayil.

Akwai wata ɗabi'a da nake so in tsaya a kanta, domin a ganina ita ce mafi muni, ga ta kuma ba ta barin shaida. Mutum ya dawo, ya kai takardar kama aiki, sai a ce masa ya jira. Ba a tura shi ko'ina ba, ba a ba shi tebur ba, ba a ce ya tafi gida ba. Kullum ya zo ya sa hannu a littafi, ya karanta jarida, ya koma. In hutun ba albashi ya yi, sunansa ya fita daga tsarin biyan albashi na bai ɗaya da aka fara a 2007, kuma ba zai koma ba sai ma'aikatarsa ta rubuta. Wata uku, wata shida, mai gida yana neman kuɗin haya, 'yan makaranta suna jiran nasu. Ana nan sai mutum ya gaji ya daina zuwa, washegari kuwa a rubuta cewa ya gudu daga aiki. Wannan hasara ce kashi biyu. An cuci bawan Allah, an kuma cuci jama'ar da aka ɗauki kuɗinsu aka horar da shi. Ina kira ga manyan sakatarori da daraktoci su ɗauki fayil ɗin mai dawowa da muhimmanci. Ranar dawowarsa ba asiri ba ce, tana rubuce tun ranar da ya tafi, ba abin da zai hana a shirya inda za a sa shi kafin ya iso.

Kada kuma a ce na ɗora laifin duka a kan shugabanni. Sau da yawa mai dawowa shi ke kashe shari'arsa da kansa tun kafin ya ga lauya. An ba shi shekara biyu, ya yi uku, bai nemi ƙari a rubuce ba, ko kuwa ya nema amma bai jira amsa ba, ya ɗauka shiru ma amsa ce. A aikin gwamnati shiru ba izini ba ne. Dokokin sun sa rashin zuwa aiki ba da izini ba a cikin manyan laifuffuka, wanda zai iya kai mutum ga kora, kuma a kansa nauyin yake ya nuna dalilin da zai sa a sassauta masa. Wani an ba shi izinin karatun aikin gona, ya je ya sauya zuwa wani fanni bai gaya wa kowa ba. Wani ya sa hannu a takardar alkawari cewa zai dawo ya yi wa gwamnati aiki na wasu shekaru, ya kama wani aikin a can, sai da abin ya ƙi ya tuna da gida. Irin wannan ba maganar kujera ke gabansa ba, maganar ko yana da aiki ce, da kuɗin da za a bi shi ko a bi waɗanda suka tsaya masa.

Komawa ta bayan gida ma ba ta ɗorewa. Kowa yana tune da maganar Abdulrasheed Maina, wanda aka kora a 2013 saboda barin aiki ba izini, aka mayar da shi a 2017 aka tura shi Ma'aikatar Harkokin Cikin Gida, da maganar ta fito fili kuwa, a watan Oktoba na wannan shekarar, Shugaba Muhammadu Buhari ya ba da umurni a sallame shi nan take.

Kuskuren da ya fi yawa kuwa shi ne ƙin zuwa inda aka tura mutum. Ƙin karɓar canjin wurin aiki laifi ne mai zaman kansa a cikin dokokin. Ma'aikacin da aka zalunta, ya zauna a gida yana cewa ba za shi ba sai an gyara, ya ba wanda ya zalunce shi makami. Da shi ne mai ƙara, yanzu ya koma wanda ake tuhuma. Shawarar da nake bayarwa kullum ita ce ka je ka kama aiki a inda aka tura ka, ka rubuta a takardar kama aikin cewa ka zo ne bisa biyayya amma kana da ƙorafi, sa'an nan ka bi kukanka kana kan albashinka.

Maganar ƙarin girma ma ta kan shigo ciki, kuma tana da zafi. Bisa ƙa'ida mai mataki na 06 zuwa ƙasa sai ya yi shekara 2 kafin a duba shi, mai 07 zuwa 14 shekara 3, mai 15 zuwa 17 shekara 4, kuma ko shekarun sun cika sai da gurbi, sai kuma ya ci jarrabawa. Wanda ya daɗe ba ya nan zai iya tarar da yaron da ya koya wa aiki ya zama maigidansa. Abin da ɗaci, amma ɗaci kaɗai ba hujja ba ce. Hujja ita ce ya nuna ya cancanci a kira shi jarrabawa ba a kira shi ba, ko an ƙi lissafa masa shekarun da takardar izininsa ta ce za a lissafa. Digirin da ya zo da shi kuma ba ya ɗaga shi da kansa, sai ya nemi a daidaita matsayinsa bisa tsarin layin aikinsa. Mai hutun ba albashi ya duba asusunsa na fansho, domin kashi 8 cikin 100 nasa da kashi 10 na gwamnati, waɗanda dokar 2014 ta tanada, daga albashi ake lissafa su.

To, idan mutum ya tabbata an cuce shi, ina zai nufa?

Farko ya rubuta kukansa ta hannun shugabansa zuwa ga Babban Sakatare, in ba a biya masa bukata ba ya wuce zuwa Shugaban Ma'aikata ko Hukumar Kula da Ma'aikata, gwargwadon irin maganar. Takardar ta zama gajeriya, da ladabi, da ranaku da lambobin takardu, ba zagi ba habaici. Ƙungiyarsa ta ma'aikata za ta iya shiga tsakani. Akwai kuma Hukumar Sauraron Koke-koken Jama'a, wadda aka kafa a 1975, marigayi Alhaji Yusuf Maitama Sule ya fara shugabantarta. Tana da ofisoshi a jihohi, ba ta karɓar ko kwabo, amma ba ta taɓa maganar da ke gaban kotu, kuma dokarta ta ce a kawo kuka cikin wata 12.

In duk wannan bai yi ba, sai Kotun Ma'aikata ta Ƙasa. An kafa ta da dokar soja a 1976, amma gyaran Tsarin Mulki na uku, na 2010, shi ya ba ta cikakken matsayi. Sashe na 254C ya ce ita kaɗai ke da hurumin sauraron rigingimun aiki da ma'aikata, har ya ba ta ikon duba rashin adalci a wurin aiki da yarjejeniyoyin ƙwadago na duniya da Nijeriya ta amince da su. Saboda haka wanda ya kai irin wannan ƙara wata kotu ya ɓata kuɗinsa da lokacinsa. Tana zama a Abuja da Legas da Kano da Kaduna da Jos da Sakkwato da Yola da wasu garuruwa, kuma tun 2015 tana da sashen sulhu ga masu son a gama magana ba tare da doguwar shari'a ba. A 2017 Kotun Ƙoli ta yanke cewa ana iya ɗaukaka ƙara daga gare ta zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara, a nan kuma irin wannan shari'a take tsayawa.

Akwai tarko guda da nake roƙon kowa ya kiyaye. Wata tsohuwar doka mai kare jami'an gwamnati ta ce duk mai ƙarar jami'i ko hukuma a kan abin da suka yi a bakin aiki, ya shigar da ita cikin wata 3. Kotun Ƙoli ta taɓa cewa wannan wa'adi bai shafi yarjejeniyar aiki ba, amma hukunce-hukuncen da suka biyo baya sun saɓa wa juna, wasu sun bi wannan, wasu sun koma ga wa'adin. Mai hankali ba ya jingina aikinsa a kan saɓanin alƙalai, ya ɗauka wata 3 ɗin nan suna nan daram. A kuma sani, rubuta takardun kuka da jiran amsa ba sa tsayar da lissafin kwanaki. Mutane da yawa sun yi shekara suna jin "ana dubawa", da suka isa kotu aka ce lokaci ya wuce, ba a ko buɗe maganar ba. Idan wata na biyu ya shiga ba amsa, lokacin ganin lauya ya yi.

Alƙalin kuwa takarda zai tambaya, ba rantsuwa ba. Ma'aikaci ya adana takardar ɗaukarsa aiki da ta tabbatar da shi, da takardar ƙarin girmansa ta ƙarshe, da izinin hutun, da kowace takardar neman ƙari tare da amsarta, da rahoton makaranta ko na likita. Ya rubuto wa ma'aikatarsa kafin hutun ya ƙare cewa ga ranar da zai iso. Ranar da ya dawo kuma ya kai takardar kama aiki ofishin rajista da kansa, ya tsaya a buga wa kofensa hatimi da kwanan wata, ya tafi da shi gida, kada ya bar shi a aljihun tebur ɗin ofis.